Damma Goma Kowace Kaka

Da sunan Allah mai rahama mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabinsa.

Wagga takarda ta fito daga uwarka, zuwa ga autana Arzika. Gaisuwa mai yawa da sa albarka. Ina roƙon Allah ya sa ta same ka lafiya, kai da matarka Mairo, ya sa kun sauka Yamai ba ciwon kai ba ciwon ƙafa, ya tsare ku daga sharrin hanya da sharrin mutum.

Malam Idi ke rubutawa, ni ke faɗa. Na ce masa ya sa yadda na faɗa, kada ya gyara mini magana. A ɗaure zan ba ka ita ranar da za ku tashi, don abin da ke ciki ba zan iya faɗa maka shi ido da ido ba. Ka yi allo, za ka karanta da kanka.

Abin da ya sa na kira Malam shi ne maganar da ka yi mini shekaranjiya ina tankaɗe. Ka ce aikin gini ya yi yawa a Yamai, kuma akwai wani attajiri da ke ba magina fili da azara da ƙofa, mutum ya gina nasa gida, ya riƙa biyan dala biyu kowane wata daga albashinsa. Na ce maka, har yaushe? Ka yi dariya ka ce, "Inna, dala biyu ce kawai." Sai da na ajiye rariya, don ni ma na taɓa faɗin "kawai" ɗin nan, a gaban wani mutum, kafin a haife ka. Ka san akwai bashi a gidanmu, ka tashi ka gan shi. Yadda ya faro da abin da ya ci ne ba ka sani ba.

Lokacin da Nasara suka kafa bariki a Filingue, mutane suka yi ta tasowa daga ƙauyukan Kurfai suna zama kusa da kasuwa. Mu ma muka taso, don ubanka, Allah ya jiƙan shi, baduku ne, kuma masu dawaki da masu sayen takalma duk nan suke. Muka kafa bukka biyu, muka kewaye da darni. Ruwa bai taɓa zuba mana ba, ba mu taɓa kwana da yunwa ba. Ina da gonata a kwari wadda na gada wurin ubana Nomau, mai gawo uku a tsakiya, wadda in damina ta yi kyau takan ba da damma arba'in na hatsi.

Sai maƙwabta suka fara gina shigifa, ɗakin ƙasa mai rufin azara. Wata rana an yi suna a gidanmu, wata 'yar'uwata ta shigo bukkata ta sunkuya, ta ce, "Har yanzu sai an durƙusa ake shiga wurinki?" Wasa ta yi, ta ci tuwonta ta tafi, na tabbata kafin ta kai gida ta manta. Ni ce ban manta ba. Na yi wata uku ina damun ubanka. Ya ce mu buga tubali kaɗan-kaɗan, bana ɗaki ɗaya, in Allah ya kai mu baɗi wani. Na ce ni shigifa biyu nake so da zaure da katanga, kuma kafin damina. Kuskurena na farko ke nan, kuma shi ya haifi sauran. Ban gina gida don ina jin sanyi ba, na gina don idon wadda ba ta kwana a ciki. In ka ji kana son abu da gaggawa, ɗana, ka zauna ka tambayi kanka wa kake son ya gani.

Da ubanka ya ƙi, sai na tafi da ƙafata wurin Madugu Shekarau, wanda raƙumansa ke zuwa har Sakkwato. Kada ka zage shi, shi ma Allah ya jiƙan shi. Bai yi mini ƙarya ko sau ɗaya ba. A lokacin da kuɗin wuri ake ciniki, kuma keso guda wuri dubu ashirin ne. Ya saurare ni ya ce, "Ɗiyar Nomau, keso biyar zai ishe ki. Gonarki ta kwari tana hannuna jingina. Ku ci gaba da nomanta, kowace kaka ku kawo mini damma goma, har ranar da kuɗina suka dawo."

Na ce, "Damma goma kawai?"

Ya ce, "Kawai."

Na dawo gida kamar an ba ni kyauta. Goma cikin arba'in, mi ke nan? Ubanka yana yankan fata bai ɗago kai ba, ya ce, "Kin tambaye shi goman nan tana rage kuɗin, ko ba ta ragewa?"

Na ce, "In ba ta ragewa, to mi take yi?"

Ya ce, "Gonarki ce." Ya ci gaba da yankan fatarsa.

Ka ga, Madugu ya faɗi magana biyu, ta goma da ta "har ranar da kuɗina suka dawo". Ni ta farkon kunnena ya ɗauka, don ita ce mai daɗi. Ban je da shaida ba, ban je da malami ba, ba a rubuta komai ba. Don haka in attajirin nan ya ce maka dala biyu, kada ka tashi daga gabansa sai ya faɗa maka wata nawa, ka lissafa duka a ƙasa da yatsa, ka ga jimillar da idonka. Sannan ka tambaye shi, cikin biyun nan nawa ke rage asalin kuɗin, nawa ke tafiya aljihunsa. In ya ji haushin tambayar, to ka sami amsarka, ka yi masa sallama.

An gina gidan. Ba zan ɓoye maka ba, na ji daɗi. A shigifar gabas aka haife ka. Amma ba wanda ya gaya mini cewa gidan ƙasa shi ma baki gare shi. Bukka in ta tsufa, ka yanko ciyawa da kara ka sake ta a wuni biyu. Shigifa kuwa kowace shekara sai yaɓe, sai a gyara indararo, shekara ta huɗu gara ta cinye azara shida sai da muka sayo wasu. Abin da ubanka ke samu a dukanci, wanda na sa rai da shi za mu tara mu biya Madugu, rabinsa a jikin bango ya ƙare. Kai magini ne, ka fi ni sanin wannan, amma magini yakan san kuɗin gini ya manta da kuɗin riƙo. Ka sa shi cikin lissafinka tun farko.

Kaka bakwai muna kai damma goma. A ta bakwai na bi jakunan da kaina, na durƙusa na gaida Madugu, na ce, "Baba Madugu, saura nawa?"

Ya ce, "Saura nawa na mi?"

Na ce, "Na kuɗin gida."

Ya dube ni da mamaki na gaske ya ce, "Keso biyar mana."

Na ce, "To damma saba'in ɗin da muka kawo fa?"

Ya ce, "Wannan ai haƙƙin gona ne. Muddin tana hannuna tawa ce, ku kuna noma ta. Haka muka yi, ko ba haka ba?"

Haka muka yi. Na tashi na taho, ban san inda na bi ba, sai na gan ni bakin rijiya ba guga ba tulu. Shekara bakwai ina ɗauka muna fita daga ramin, ashe inda muka fara nan muke. Da na gaya wa ubanka, bai ce ai na faɗa miki ba. Ya ce, "To, yanzu mun sani." Wallahi da ya yi mini faɗa da ya fi mini sauƙi.

Shekarar da ta biyo ita ce ta yunwar nan da ka ji ana faɗa. Ruwa ya ɗauke hatsi yana ciki, gonar da ke ba da arba'in ta ba da huɗu. Goman Madugu ba ta san fari ba, lanho, harajin Nasara, shi ma bai sani ba. Abin da ya kamata in yi shi ne in sayar da saniyata guda da mundayena, in je in roƙe shi ya yafe na shekarar ko ya jinkirta. Amma na ji kunyar a gan ni a kasuwa da mundaye a hannu, a ce mai shigifa ta karye. Sai na koma wurinsa na karɓo wasu damma goma na ci. Ya haɗa da goman da ban kai ba, da tsadar shekarar, ya ce keso guda. Biyar ta zama shida. Saniyar kuwa ta mutu kafin damina, ko fatarta ba ta yi kuɗi ba. Ka ji wannan da kyau: duk lissafin da ka yi a kan shekara mai kyau, ba lissafi ba ne. Ka tambayi kanka, watan da na kwanta ciwo, ko aikin ya tsaya, da mi zan biya? Kuma in ka shiga matsi, ka sayar da abin da kake da shi, kada ka ƙara karɓa daga hannun da ke riƙe da kai.

Bayan wannan ne aka ɗebi maza ɗaukar kayan Nasara zuwa gabas, har da ubanka. Ya dawo da tari wanda bai bar shi ba sai da ya kai shi kabari. Kana ƙarami, ba ka riƙe fuskarsa sosai ba. Abu guda zan gaya maka game da shi: har ya rasu bai taɓa ambata mini gonar nan da gori ba.

Na ɗaure ɗamara. Na fara dama fura ran kasuwa, ina kaɗi sauran kwanaki. Duk wurin da na samu sai in zuba a tulu in rufe. Shekara huɗu na tara keso uku. Sau da yawa zuciyata ta ce in kai abin da ya samu a rage, sai girman kai ya ce a'a, ki bari ya cika shida, ki sa a ɗora wa jakuna a bi ta tsakiyar kasuwa, a zube masa a zaure kowa ya gani. Ina nan ina jiran ranar, ashe wuri yana mutuwa a cikin tulu. Nasara sun ce lanho sai da tamma da dala, 'yan kasuwa suka bi, yau mai gishiri ya ƙi karɓa, gobe mai tufafi. Da na ga abin ya yi yawa na kwasa na kai. Madugu ya sa hannu cikin wurin ya bar shi ya zube ta tsakanin yatsunsa, ya ce, "Ɗiyar Nomau, in kai wa wa? Ranar da na ba ki, keso guda dala huɗu ne. Shida, dala ashirin da huɗu ke nan. Su nake bi."

Keso ukun nan, da ƙyar na sami wani Bazabarme da ya karɓe su a dala huɗu. Da na kai su shekara biyu kafin nan, da rabin bashin ya tafi. Furar shekara huɗu ke nan. Kai ma kuɗin da za a biya ka da su ba kai ka ƙera su ba, wanda ya kawo su yana iya sauya su. A rubuta da wane kuɗi za ka biya. Kuma duk abin da ya shigo hannunka wanda ya wuce ci da sutura, ka kai shi a rage asali a ranar, ko tamma guda ce, a gaban shaida. Kada ka tara don burga.

Yanzu ga wanda ya fi mini ciwo. Na ce wa Malam ya dakata na sha ruwa tukuna.

Wanka, ɗana na fari, ka san ba na kiran sunansa. Shi ya riƙe gonar bayan ubanku. Duk shekarun nan ban taɓa zaunar da shi na gaya masa jingina ce ba. Na bar shi yana ɗauka damman da muke kai wa Madugu ragowar bashin yunwa ne da ya kusa ƙarewa. Da ya isa aure ya ce in yanka masa gefen arewa ya kafa rumbunsa. Na ce ya dakata. Baɗi ya sake tambaya, na ce ya dakata. Sai wani daga mutanen Madugu ya gaya masa a kasuwa, cikin mutane, yana dariya. Ya shigo gida da rana tsaka, hauya a kafaɗa, ya tsaya bakin shigifar nan tawa ya ce, "Inna, ashe duk shekarun nan Madugu nake yi wa barantaka?"

Na ce, "Zauna in gaya maka."

Ya ce, "Da kin gaya mini tun farko, da na tafi cin rani shekara biyu na fanshe ta."

Gaskiya ya faɗa. Da kaka ta wuce ya bi fataken goro zuwa Kurmi. Sau biyu ya aiko da gaisuwa, sau ɗaya da zane, shi bai zo ba. Ba bashin ne ya kore shi ba, ɓoyewar ce. Saboda haka kada ka sa hannu a kan komai sai Mairo ta sani, duka, har da abin da zai faru in kun kasa. Tuwonta ne zai ragu, kuma yarinya ce mai kai. In Allah ya ba ku ɗiya suka girma, su ma su sani. Kuma Yamai hanyar masu zuwa Kurmi ce. Ka yi ta tambaya a zango, in ka sami mai zuwa inda yake, ka ce a gaya masa uwarsa ta ce ta yi kuskure, kuma gefen arewa yana nan.

Da Madugu ya rasu, dukiyar ta koma hannun ɗansa Bawa. Na tsorata ƙwarai, don ba takarda, ba shaida, in ya ce gonar ubansa ce ba ni da bakin magana. Tsoron ne ya sa na yi abin da ya kamata in yi tun ranar farko. Na ɗauki Malam Idi da mai unguwa muka je. Malam ya ce masa irin wagga jingina, da ake cin amfani asali na tsaye, akwai shubuha a cikinta, kuma zai fi wa mamacin sauƙi a sassauta. Na ce ni roƙona guda, a karɓi abin da na kawo kaɗan-kaɗan, kuma duk abin da ya ragu a kuɗin a rage damma gwargwadonsa.

Bawa ya ce, "Na yarda, Inna. Ai ko baba ya yi wa mutum biyu haka, na gani da idona. Ke ce ba ki taɓa tambaya ba."

Na rasa ko in yi kuka ko in yi dariya. Shekara goma sha shida ina gaida Madugu a durƙushe, ban taɓa buɗe baki na roƙi sassauci ba, don kada a ce na gaza. Malam ya rubuta takarda biyu, ɗaya wurin Bawa ɗaya wurina. Daga nan abin ya fara tafiya. Na sayi tunkiya da dala huɗun nan na ba wata Bafillata kiwo, ta haihu, 'ya'yan suka haihu. Duk ragon da ya isa sai kasuwa, daga kasuwa sai zauren Bawa, ban ko biyowa ta gida. Goma ta koma takwas, takwas ta koma biyar, bana damma biyu na kai. Shekara biyar ta yi abin da goma sha shida ba su yi ba.

Ran kasuwar da ta wuce, lokacin kana can kana neman raƙumin da zai ɗauki kayanku, na sayar da rago na ƙarshe. Na kai dala ukun da suka rage. Bawa ya ƙirga a gaban Malam da mai unguwa, ya ɗauko takardarsa ya miƙo mini da hannu biyu ya ce, "Inna, gonarki. Ki yafe wa baba in akwai abin yafewa." Na ce na yafe, ni ma a yafe mini.

Na roƙi Malam ya haɗa mini duka, don ina so in ji sau ɗaya. Kaka ashirin da ɗaya. Ya ce hatsin ya kusa damma ɗari da tamanin, ban da dala ashirin da huɗu, ban da wurin da ya mutu a tulu, ban da yaɓe da azara. A kan gidan da kuɗin gininsa dala ashirin ne. Ya ce da hatsin kaɗai an gina wani irinsa har da ragowa. Shigifar yamma kuma ka san awaki ke kwana a cikinta tun da rufin ya faɗa.

Na ɗauka in na ji lissafin zan faɗi. Sai na ji wani irin sauƙi, kamar an sauke mini tulu daga ka. Daga zauren na wuce kwari da ƙafata. Ba komai a gonar sai kara da kashin shanu. Na zauna gindin gawon tsakiya, na ce bari in huta kaɗan, sai barci ya ɗauke ni da rana tsaka, ni tsohuwa, a fili, takarda a ƙulle a bakin zane. Sai la'asar na farka. Rabona da irin wanga barci tun kafin a haife ka.

Ban ce maka kada ka gina gida ba, kuma ban ce duk mai ba da bashi azzalumi ne ba. Ka kama ɗakin haya tukuna, ko ka kafa bukka, ka ga yadda garin yake da yadda aikin yake shekara ɗaya. Hannunka ya iya buga tubali, ka buga naka ran hutu, ɗaki ɗaya ya ishe ku ku biyu. In bayan haka ka ga sai ka karɓa, ka karɓi kaɗan, na kwana kaɗan, da malami a damanka da shaida a hagunka.

Allah ya yi maka albarka, ya sa albarka a hannunka da abin da zai gina. Allah ya tsare ka daga faɗuwa daga bisa, da abokin banza, da ciwon baƙon wuri. Ya ba Mairo haƙuri da kai, ya ba ka haƙuri da ita. Kada ka bar salla don aikin Nasara. Malam Idi yana gaishe ka.

Kada ka aiko mini da ko tamma guda bana, ba ni da wanda zan kai wa. Kuma kada ka sa ni a rai. Ina cin tuwona, ina barcina, kuma duk wanda ya yi sallama a ƙofa ina amsawa da ƙarfi, don na san gaisuwa ce kawai ta kawo shi.

Na bar ku a hannun Allah. Wassalam.